Kafin A Raɗa Wa 'Ya Mace Suna, A San Ma'anarsa

Daga Ƙanƙara zuwa Faskari da Sabuwa, sunan mace kan faɗi labarin haihuwarta. Ladi ranar Lahadi ta zo duniya, Asabe ranar Asabar, Azumi cikin watan Ramadan. Delu ta biyo bayan maza, Gambo kuwa ta biyo tagwaye.

Yanzu wasu iyaye kan tsinto suna a intanet ko a fim don kawai yana da daɗin faɗa. Ga misali Nevaeh, sunan da ya yaɗu a Amurka bayan shekarar 2000. Ba shi da wani tsohon asali: kalmar Turanci heaven ce, wato aljanna, aka rubuta daga baya zuwa gaba. Vanessa ma marubuci Jonathan Swift ne ya ƙirƙiro shi a ƙarni na 18. Ma'anar wani sunan ba ta da aibu, amma kamata ya yi iyaye su san ta kafin ranar suna.

Musulunci bai ɗauki suna da wasa ba, domin Annabi (SAW) da kansa ya sauya sunan Barratu zuwa Zainab. Ga shi kuma sunan zai shiga takardar haihuwa da katin ɗan ƙasa, inda gyara ke cin kuɗi da lokaci.

Kwana bakwai sun isa uba ya tambayi malami, ya kuma ji ta bakin kakanni. Yarinyar ce za ta amsa sunan har tsufanta.