Kunnen Ƙashin 'Yan Sanda da Sandar Alƙali

A watan Nuwamban 2022, Mai Shari'a Mobolaji Olajuwon ta Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta yanke wa Sufeto-Janar na 'yan sanda, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku saboda raina kotu. Tun 2011 kotu ta ce a mayar da wani jami'i bakin aikinsa, rundunar ta yi kunnen uwar shegu. Ko kwana ɗaya Sufeto-Janar bai yi a gidan yari ba, kafin shekara ta ƙare kotun ta janye hukuncin.

To, ina ga talakan da ke tsare ana ce wa danginsa "ana kan bincike"? Sashe na 35 na tsarin mulki ya ce a gurfanar da wanda aka kama cikin kwana ɗaya ko biyu. Dokar gudanar da shari'ar laifuka (ACJA) ta 2015 kuwa ta ƙayyade ajiye wanda ake zargi zuwa kwana 14 a karon farko, kuma ƙarin wa'adi sai da hujja. Duk da haka, mafi yawan mazauna gidajen gyaran hali a Najeriya jiran shari'a suke, wasu ma fayil ɗinsu bai bar teburin mai bincike ba.

Kuskuren shi ne a riƙa farautar Sufeto-Janar, wanda lauyoyi ke kewaye da shi. Ɗan sandan da fayil ke hannunsa da DPO ɗinsa su ya kamata majistare ya kira, ya ba su rana. In sun saɓa, a caje su da raina kotu, wanda ake tsare kuma a ba da belinsa.