Ɗan Aike Ba Shi Ne Mai Gida Ba: Gajeriyar Hanya a Kwamfuta

Duk wanda ya taɓa zama gaban na'ura mai ƙwaƙwalwa ya ga wasu 'yan hotuna a fuskarta, kowanne da 'yar kibiya a gefensa. Da zarar an latsa ɗaya, sai manhaja ta buɗe. Ɗalibai da yawa suna zaton hoton shi ne manhajar kanta, alhali kuwa ɗan aike ne kawai. Ana kiransa gajeriyar hanya, wato wani ɗan ƙaramin fayil mai ƙarewa da .lnk, wanda babu kome a cikinsa sai kwatancen inda ainihin manhajar take. Kamfanin Apple ya shigo da irinsa a 1991, sannan Microsoft ya sa nasa cikin Windows 95 a 1995. Ya kamata makarantun sakandaren Wurno, Rabah da Goronyo su koyar da wannan bambanci tun a ajin farko, kafin ma a fara koyon buga rubutu.

Gajeriyar hanya ba ta iya buɗe kanta. A cikin Windows akwai wasu fayiloli da suke tamkar rumbun umarni, waɗanda sauran manhajoji suke ɗiba daga cikinsu. Ɗaya daga cikin manyansu shi ne shell32.dll. Shi yake karanta kwatancen, ya zana hoton, ya kuma tayar da manhajar da aka nuna masa. Abin lura shi ne, rumbun yana bin kwatance ne, ba ya tambayar wanda ya rubuta shi.

A nan masu ɓarna suka sami ƙofa. A watan Yuni na 2010 wani kamfani a ƙasar Belarus ya gano wata muguwar manhaja mai suna Stuxnet, wadda ta lalata injinan tace yuraniyom a Natanz ta ƙasar Iran. Ɗaya daga cikin hanyoyin shigarta ita ce gajeriyar hanya ta jabu a cikin filashi. Ba sai an latsa ta ba. Rumbun yana ƙoƙarin zana hotonta, sai cutar ta tashi. Microsoft ya fitar da gyara ranar 2 ga Agusta 2010, ya kuma sake ƙarfafa shi a 2015.

Mai karatu zai iya cewa ina ruwan ɗalibin Rabah da injinan Iran. Amsar tana cikin aljihunsa. Filashin da ya kai shagon buga takardu yakan dawo da wata cuta mai irin wannan dabara, ko da yake ba ta kai waccan ƙarfi ba. Takan ɓoye ainihin fayiloli, ta ajiye gajerun hanyoyi masu sunayensu. Wanda ya latsa, ya tayar da ita da hannunsa.

Ɗalibin ilimin halittu zai gane wannan nan take. Ƙwayar tsargiya ba ta tsallakawa daga mutum zuwa mutum kai tsaye. Sai ta biya ta jikin dodon koɗi, wanda yake son ruwa mai kwanciya irin na magudanan noman rani. Mazauna kusa da madatsar Goronyo da fadamar Wurno sun san ba a raba ruwa da noma, sai dai a katse zagayen cutar. Filashi shi ne dodon koɗin kwamfuta.

Akwai masu ganin cewa wannan aikin masu gyara ne, malami ya tsaya ga manhajar karatu. To amma tun daga 2015 hukumar JAMB take yin jarrabawarta gaba ɗaya da kwamfuta, kuma makarantar da cuta ta kwantar wa na'urori ta tauye ɗalibanta. Ga shi mai gyara yana iya kasancewa can cikin Sakkwato. Rigakafi kuwa ya fi magani.

Darasin bai fi na kwana ɗaya ba. A nuna wa ɗalibi cewa folda ta gaskiya ba ta da kibiya, kuma idan ya ga kayansa sun koma gajerun hanyoyi, kada ya latsa, kada kuma ya goge filashin cikin firgita, domin galibi aikinsa yana nan a ɓoye. A koya masa saitin da yake bayyana ɓoyayyun fayiloli da ƙarshen sunayensu. A gargaɗe shi kada ya taɓa rumbunan da suke ƙarewa da .dll, ko ya sauko da madadinsu daga intanet. Shugabannin makarantu kuma su sani cewa Windows XP ya daina samun gyara a 2014, Windows 7 a 2020. Na'urar da take ɗauke da su tana bukatar ware ta daga baƙon filashi, har a sami halin sabunta ta.