Sani Dabam, Zato Dabam

Babu kalmar da ta fi "na sani" arha a bakin mutane. Ana jinta a kasuwa, ana jinta a zaure, yaro ya faɗa tsoho ya faɗa, ba a biyan ko anini. Amma akwai mutum biyu waɗanda wannan kalma ta ke da tsada a bakinsu, watau malamin makaranta da akawu. Malami in ya ce ya sani, alhali kuwa zato ya ke yi, yara arba'in za su tashi da kuskurensa su kai shi garuruwa arba'in. Akawu kuma in ya rubuta ji-ta-ji-ta cikin littafin ofis, shi ke nan ta zama gaskiya a wurin hukuma, ana iya ƙwace gonar marayu da ita bayan shi kansa ya daɗe a kabari. Sabo da haka mu ka ga ya kamata mu tsaya mu bincika, shin mene ne ilmi, iri nawa ne, kuma da wace alama a ke gane na ƙwarai.

Masana sun daɗe suna wannan bincike. Aflatun, wani malami na birnin Atina a ƙasar Girka, wanda ya mutu wajen shekara 347 kafin haihuwar Annabi Isa, ya rarrabe tsakanin sani da ra'ayin da ya yi katari ya faɗa kan gaskiya. Daga maganarsa waɗanda su ka biyo baya su ka fitar da sharaɗi uku. Na farko, abin ya zama gaskiya ne, don ba mai iya sanin Kano tana kudu da Zariya, tun da ya ke arewa ta ke. Na biyu, mutum ya yarda da abin cikin zuciyarsa. Na uku, ya zama yana da hujja, in an ce masa "yaya aka yi ka sani?" ya iya buɗe baki ya ba da dalili. A wannan sharaɗi na uku ne yawancin masu cewa sun sani su ke faɗuwa.

Hujjar ma sai an duba lafiyarta. Wani masani na Ingila, Bertrand Russell, ya kawo misalin tsayayyen agogo cikin 1948. A ce agogon ofis ya tsaya tun jiya da ƙarfe 2. Yau akawu ya ɗaga kai ya dube shi, aka yi dace kuwa daidai ƙarfe 2 ne. Ya faɗi lokaci daidai, yana ma da dalili, don ya dubi agogo, amma ba mai cewa ya san lokaci. Da minti goma ya ƙara kafin ya ɗaga kai, da ya yi kuskure. Cikin 1963 Edmund Gettier na Amurka ya rubuta 'yar gajeruwar maƙala a kan irin wannan dace, har yau masana ba su gama gardama a kanta ba. Hausawa sun riga sun taƙaita zancen, su ka ce zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya. Yaron da ya canki amsar lissafi ya dace, malami ya ba shi maki bai tambayi hanyar da ya bi ba, agogo ne tsayayye, gobe zai ba da kunya.

To, ta wace ƙofa ilmi ya ke shigowa? Malamanmu na addini suna karantar da cewa yaƙini hawa uku ne: ilmul yaƙini, da ainul yaƙini, da haƙƙul yaƙini. Su kan buga misali da wuta. Wanda aka ba shi labari tabbatacce cewa gobara ta tashi yana hawa na farko, wanda ya je ya gani da idonsa yana na biyu, wanda kuwa ta lashe shi a hannu ya kai na uku, ba sauran mai yi masa gardama a kan zafinta. Ibn Haldun kuma, cikin Muƙaddima da ya rubuta a 1377, ya raba ilmi gida biyu. Akwai na naƙali, wanda a ke karɓa daga magabata, kamar tafsiri da hadisi da fiƙihu, akwai kuma na hankali, wanda ɗan Adam ke kaiwa gare shi da tunani, kamar lissafi da manɗiƙi da ilmin taurari. Kowane da ma'auninsa. Ba a tabbatar da bakwai sau takwas hamsin da shida ne ta cewa "haka malamina ya faɗa", sai a jera tsakuwa a ƙirga.

Kada a ɗauka muna rena ilmin ji. Gaskiya ne gani ya kori ji, amma mafi yawan abin da kowannenmu ya sani ta kunne ya shiga, ko ta takarda. A cikinmu ba wanda ya auna nisan rana da ƙasa, duk da haka muna karantar da yara cewa wajen mil miliyan 93 ne, don masu awon sun bayyana hanyar da su ka bi, waɗansu kuma sun sake awo sun sami haka. Abin da ke gyara ji shi ne binciken mai ba da labari. Imamu Buhari, wanda ya rasu cikin 870, ba ya karɓar hadisi sai ya bi isnadinsa, wane daga wane, ya duba gaskiyar kowane mutum da ƙarfin kiyayewarsa. Akawun da aka kawo wa maganar iyakar gona, ko yawan shanun ruga, ko ranar haihuwar yaro, ya ari wannan hali: wa ya gaya maka, shi kuma gani ya yi ko ji? Balle yanzu da labari ke yawo cikin wayar hannu ba uwa ba uba, kafin a gama alwala ya zaga gari.

Akwai wani rabon kuma wanda ya fi shafar makarantunmu, watau sanin baki da sanin hannu. Gilbert Ryle na Jami'ar Oxford ya yi bayaninsa cikin 1949, ya nuna sanin cewa abu kaza haka ya ke dabam, iya yin abin dabam. Mutum na iya bayyana yadda a ke iyo tiryan-tiryan, a jefa shi kogi ya nutse. Dubi Ladi Kwali, wadda ta koyi ginin tukwane a ƙauyensu tun tana yarinya. Cikin 1954 ta shiga wurin koyon ginin tukwane da Michael Cardew ya kafa a Abuja ta dā, wadda a ke kira Suleja yanzu, aikinta ya kai har Turai. Jami'ar Ahmadu Bello ta ba ta digirin girmamawa cikin 1977, kuma hotonta ne aka buga a bayan takardar naira 20. Ilminta a yatsu ya ke. Haka manomin da zai damƙi ƙasa ya gaya maka wannan jigawa ce ta gero da gyaɗa, waccan fadama ce ta rake da shinkafa, haka marini da majemi da maƙeri. Mun sha ganin yaron da zai rera maka cewa eka ɗaya murabba'in yadi 4,840 ce, a miƙa masa igiyar awo a ce ya auna lambun makaranta, ya tsaya yana sosa ƙeya. Duk da haka ka ji yana kiran ubansa jahili, uban da ke ci da shi daga gonar da shi ya kasa aunawa.

Babbar alamar ilmin duniya na ƙwarai ita ce yana karɓar gyara. Mutanen Turai sun daɗe suna tsammani mugunyar iskar fadama ke kawo zazzaɓi, har sunan da su ka ba ciwon, maleriya, ma'anarsa ke nan da harshen Italiya. Abin da su ka lura da shi daidai ne, ciwon ya fi yawa kusa da ruwa kwance, kamar yadda tsofaffinmu su ka lura ya fi yawa da damina, amma dalilin da su ka ba da kuskure ne. Sai cikin 1880 wani likitan Faransa, Alphonse Laveran, ya ga ƙwayar cutar cikin jinin majinyaci a Aljeriya, sa'an nan cikin 1897 Ronald Ross ya same ta cikin cikin sauro a Indiya. Da aka gane dalili, sai aka san gidan sauro da cike kududdufi su ne kariya. Haka kuma tun 1930 a ke lissafa Pluto cikin manyan duniyoyin da ke kewaya rana, ana cewa tara ne, cikin 2006 taron masana taurari ya fitar da ita, su ka koma takwas. Malamin da ke karantarwa daga littafin da ya kwafa tun yana ɗalibi, bai sake leƙa wani ba, yana raba wa yara kuɗin da aka daina karɓa a kasuwa.

Waɗansu su kan ɗauka irin wannan ilmi na awo da gwaji baƙo ne a wurin Musulmi, wai na Turawa ne kurum. Su duba Ihya'u na Imamu Gazali, wanda ya rasu cikin 1111. Ya raba ilmi zuwa farali ainin, wanda ya wajaba a kan kowane mutum, da farali kifaya, wanda in waɗansu sun tsaya da shi ya faɗi a kan saura, in kuwa gari duka ya rasa mai shi kowa ya yi laifi. Cikin kashi na biyun ya ambaci likitanci da lissafi, don ba a raba gado ba a yin ciniki sai da lissafi. A nan ƙasar ma an yi Malam Muhammadu ɗan Muhammadu Alkashinawi, Bakatsine masanin lissafi, wanda ya rasu a Alƙahira cikin 1741, tun kafin a buɗe makarantar boko ko ɗaya a Arewa. Akawun da ke tsare lissafin baitulmali da gaskiya yana ɗauke wa jama'a wani nauyi ne na addini.

Mun san abin da wani malami zai ce: ai jarrabawa hadda ta ke nema, takardar shaida kuma ita ke kawo albashi. Akwai gaskiya cikin maganarsa. Hadda tana da wurinta, yaron da bai haddace jadawalin sau ba zai wahala a lissafi duk ransa. Amma a duba yadda magabata su ka tsara, almajiri in ya sauke Alƙur'ani sai ya wuce makarantar ilmi, ya zauna gaban malami yana jin fassara da dalili, don sun san hadda harsashi ce, ba a kwana cikin harsashi sai an tada bango an yi rufi. Takardar shaida kuwa sunanta ya ishe ta, shaida ce a kan ilmi, shaida kuma tana iya zama ta zur. Ranar da aka ce ka auna fili, ko ka daidaita littafin kuɗi, ko yaro mai kaifin kai ya ɗaga hannu ya ce "don me?", takarda tana cikin akwati, ba za ta yi magana ba.

Alama ta ƙarshe ita ce masani ya san iyakar saninsa. An ruwaito cewa Imamu Malik, wanda ya rasu a Madina cikin 795, mutum kan taso daga nesa da tambaya, ya amsa masa da "ban sani ba", kuma wannan bai rage masa daraja ba ko kaɗan. Ƙaramin sani ƙuƙumi ne, shi ke hana malami ya ce wa yara "ku bari in bincika, gobe in gaya muku", shi ke sa akawu ya cike gurbi da ƙiyasi don kada a ce bai iya aiki ba.

Abin da mu ke roƙo bai fi ƙarfin kowa ba. Malamai, kada darasi ya ƙare ba ku tambayi ko yaro ɗaya yadda aka yi ya san amsarsa ba, kuma abin da a ke iya aunawa ko shukawa ko gwadawa, a fita fili a yi shi da hannu. Makarantun horon malamai su riƙa gwada ɗalibi da aiki kamar yadda su ke gwada shi da alƙalami. Akawuna, in kuna rubuta rahoto ku rarrabe abin da ku ka gani da idonku, da abin da aka gaya muku, da sunan wanda ya faɗa, inda ba ku tabbata ba kuma ku bar gurbin a buɗe har ku bincika. Gurbi a takarda ana iya cike shi gobe, ƙarya kuwa in ta sami hatimi sai an sha wahala kafin a kankare ta. Allah Ya ba mu ilmi mai amfani, Ya kuma ba mu ikon aiki da shi, amin.