Masu Kyamara da 'Yan Tsiraicin Rasha

Jama'a, yau a yi mini afuwa, ci gaban littafinmu sai wani makon. Wani abu ne ya tsaya mini a maƙoshi.

Wasu masu shirya finafinan dokumantari sun mai da 'yan aƙidar zama tsirara na Rasha saniyar tatsa. Sai mutum ya saɓi kyamara ya nufi Serebryany Bor a Mosko, ko Koktebel a Kirimiya, ya ɗauko mutane zindir a bakin ruwa, ya ɗora kiɗa mai taushi, ya ce wai ya nuna mana halin Rashawa. Haba malam! Wane hali?

Kada a juya mini magana, ni ba mai goyon bayan tsiraici ba ne. Amma in za ka ba da labari, ka ba da shi da gindinsa. A 1924 wata ƙungiya mai suna Doloi Styd, wato "a kau da kunya", ta fito tsirara a titunan Mosko. Kwamishinan lafiya na lokacin, Nikolai Semashko, ya caccake su, cikin hujjojinsa har da ƙura da ƙazantar birni. Ka ji gardama mai shekara 100, amma ɗan fim ɗinmu yana nuna ta kamar jiya aka fara.

Ga kuma banya, gidan wankan tururinsu. Can maza ke tuɓewa cikin maza, suna bugun juna da damin ganye, babu mai kiran wannan fitsara. Wannan mutumin dai, in ya ga irin haka a bakin ruwa, sai ya tofa yawu. Ina ya ja iyakarsa? Cocin Otodoks ce ta ja masa, ko tarbiyyar zamanin Tarayyar Sobiyet? Wannan ita ce tambayar. Ba su yin ta, don tambaya ba ta kawo kasuwa kamar fatar jiki.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne izini. Malamar makaranta ta je hutunta, kyamara ta hango ta daga nesa, gobe ga ta a intanet, ga iyayen yara a ofishin shugaban makaranta. Ɗan fim yana can ana tafa masa, ita ko aikinta ya tafi. Batun yara kuwa, duk wanda ya juya kyamara kansu a irin wannan wuri, kotu ce ta dace da shi, ba bikin finafinai ba.