Umarnin Wucin Gadi Mai Cinye Damina

A ƙasar Kaura Namoda da Shinkafi da Zurmi, ruwan shuka kan zauna ne wajen watan Yuni, kafin ƙarshen Satumba kuwa sama ta fara ɗaukewa. Wata huɗu ke nan, kuma a cikinsu ne magidanci ke neman geron da zai ci da iyalinsa shekara guda. Saboda haka duk alƙalin da ya sa hannu a takarda cikin watan Mayu, ya ce kada wane ya shiga gonar da ake jayayya a kanta har sai an gama shari'a, to ya riga ya yanke hukuncin wannan shekarar, ko da ya kira takardar tasa umarnin wucin gadi.

Lauyoyi za su ce doka ba ta bar wanda aka hana ba mafita. Gaskiya ne a rubuce. Sashe na 241 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba shi damar ɗaukaka ƙara kai tsaye, ba tare da neman izini ba, duk lokacin da Babbar Kotu ta bayar da irin wannan umarni ko ta ƙi bayarwa, kuma dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ba shi kwana 14 ya shigar da takardarsa. Sai dai kotun da ke sauraron ƙararrakin Zamfara tana zama ne a Sakkwato. Manomin Zurmi zai biya lauya, ya biya kuɗin harhaɗa bayanan shari'a, ya jira ɓangarorin biyu su rubuta hujjojinsu, sannan a sa rana. Kafin alƙalai uku su zauna su ce an yi kuskure, maƙwabtansa sun yi maimai, sun girbe, sun ɗaure damma sun kai rumbu. Nasarar da ya samu ta zama ihu bayan hari.

Wanda wannan ƙofa ke yi wa rana shi ne mai kuɗi. Idan umarnin ya faɗo a kansa, sai ya ɗaukaka ƙara, ya roƙi a dakatar da ainihin shari'ar har sai Sakkwato ta yi magana, daga can kuma a nufi Abuja. Ba sabon ciwo ba ne. A shari'ar Amadi da kamfanin mai na NNPC, wadda ba ta gona ba ce, Kotun Ƙoli ta koka a shekarar 2000, ta bakin Alƙalin Alƙalai Muhammadu Lawal Uwais, cewa an share shekara 13 ana jayayya kan batun share fage, ba a taɓa gundarin ƙarar ba. Ma'aikacin ofis zai iya jure irin wannan jira da ƙyar. Manomi kuwa, idan damina biyu ta wuce shi, sai ya jinginar da abin da ya rage masa.

Abin takaicin shi ne ƙa'idojin suna nan, ba a ɓoye suke ba. Tun 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya, Kotun Ƙoli ta ce ba a ba da umarni a bayan idon ɗaya ɓangaren sai da gaggawa ta haƙiƙa, kuma mai nema ya ɗauki alkawarin biyan diyya idan daga baya ta tabbata bai cancanta ba. Wace gaggawa ce ke cikin gonar da mutum ya shekara ashirin yana nomawa a gaban kowa? Gaggawar kawai ita ce mai ƙara ya ga hadari ya fara haɗuwa, ya san idan ya ɗaure hannun abokin jayayyarsa yanzu, yunwa za ta sa ya zo neman sulhu a kan kowane sharaɗi. Alkawarin diyyar kuma layi ɗaya ne a ƙarshen takardar rantsuwa, ba a ajiye ko sisi a gabansa.

Akwai kuma abin da ya keɓanta da wannan yanki. Manufar umarnin wucin gadi ita ce a bar abu yadda yake. To, yaya yake? Ƙauyuka da dama a Zurmi da Shinkafi sun watse saboda 'yan bindiga, mutane suka yi shekaru a cikin gari. Wanda ya koma ya tarar da wani a gonar ubansa, idan kotu ta ɗauki mai riƙo na yau a matsayin wanda za a kare, ta hatimce abin da bindiga ta fara. Ana kukan targaɗe sai ga karaya.

Malaman Malikiyya, waɗanda littattafansu ke kan teburin kowane alƙalin kotun Shari'a a Zamfara, sun fi wannan taka-tsantsan. A cikin Tuhfa ta Ibn Asim, mutumin Andalus da ya rasu a 1426, an bambanta dakatarwa gwargwadon ƙarfin hujja: mai shaida ɗaya adali zai iya sa a hana sayar da kadara, amma ba a fisge ta daga hannun mai riƙe da ita, abin da ke kawo kuɗin shiga, kuɗin ake tsarewa, abin da zai lalace kuwa a sayar a ajiye kuɗinsa.

Babu abin da ya hana Babbar Kotun Zamfara bin wannan hanya. A hana sayarwa da jingina da gini da tuge iyaka, amma a bar mai noma ya yi noma, a ƙirga damman da ya samu a gaban mai unguwa da wakilan ɓangarorin biyu. A sa mai neman umarni ya ajiye kuɗin diyya a kotu tun ranar farko. Duk ƙarar gonar da aka shigar bayan watan Afrilu a ba ta ranar sauraro ta kusa a maimakon umarnin hana shiga, domin a samu hukunci na ƙarshe kafin ruwan shuka na baɗi.