Tabarmar ɓawon kwakwa: maganin zaizayar ƙasa kafin ta ci kasuwannin shanunmu

'Yan uwa mazauna Kudu, duk wanda ya yi damina ɗaya a Anambra ko Abia ya san abin da ruwa ke yi wa ƙasa. Kwazazzabon Nanka ya cinye gidaje da gonaki. Shirin NEWMAP, wanda Bankin Duniya ya amince da shi a 2012, ya fara da jihohi 7 na Kudu, kuma an rufe shi a 2022. ACReSAL da ya biyo baya kuwa Arewa ya nufa. Ke nan ƙananan ramukan da ke bayan kasuwanninmu, mu ne za mu ji da su.

Mu faɗa wa kanmu gaskiya: kofaton shanu na kashe ciyawa. Inda aka tara garke, ko a Lokpanta ne ko Amansea, ƙasa na zama tsirara, ruwa kuma ya samu hanya.

Akwai dabarar da ta daɗe a Indiya: tabarma mai ramuka kamar raga, wadda ake saƙawa da zaren ɓawon kwakwa. A shimfiɗa ta a gangare, a kafe da turaku, a shuka ciyawa irin su jema a ciki. Tana rage ƙarfin ruwa, tana riƙe ƙasa da iri. Bayan 'yan shekaru sai ta ruɓe ta zama taki, lokacin saiwa ta riga ta kama. Ba ta barin shara irin ta leda, wadda in saniya ta haɗiya sai ta rame. Kwakwa kuma ga ta nan a Badagry.

Sai dai fa tana da iyaka. Ba ta tsayar da kwazazzabon da ya riga ya yi zurfi, wannan sai injiniya da magudanar kankare. Kuma in ba a killace wurin ba, shanu za su tattake ta tun ciyawa ba ta fito ba.

A ganina, sarakunan Hausawa da shugabannin kasuwa su ware wani abu daga kuɗin da ake karɓa kan kowace saniya, a fara da rani. Filin nan ba gadonmu ba ne. Ranar da rami ya kai gonar ɗan gari, ba ruwan sama za a kai ƙara ba, mu za a ce mu tashi.