LEƘA BAYAN FAGE: Bayan "na sake ki", ina ragowar fim ɗin?

Duk mai kallon finafinan Hausa ya haddace wannan fitowar. Miji ya fusata, ya zaro biro da takarda ya rattaba, matar ta ɗora hannu a ka ta kurma ihu, sai a sako waƙa. A fitowa ta gaba sai ga ta a gidan iyayenta da akwati. Shi ke nan, darakta ya wuce.

To, amma fa a zahiri a nan ne ma rigimar ke somawa. Wanda ya taɓa zama a harabar kotun shari'ar Musulunci a Kazaure, Ɓaɓura, Roni ko Gwiwa ya san abin da ake ja a kai: sadaki, lefe, kayan ɗaki da cin yara. Miji ya ce a biya shi dukiyarsa, mata ta ce wata da watanni ko ƙwayar gero bai aiko ba.

Alƙalan Jigawa da mazhabar Malikiyya suke hukunci, daga littattafai irin su Risala, Muhtasar da Tuhfa. Idan miji ne ya yi sakin don kansa bayan sun zauna zaman aure, ko sisi ba ya binta daga sadaki. Idan tun kafin ya kusance ta ne, rabi nata ne. Mayar da sadaki sai a hul'i, wato in matar ce ta nemi fansar kanta, kamar yadda matar Sabitu ɗan Ƙaisu ta mayar masa da gonarsa a zamanin Manzon Allah (SAW). Ko a nan ma akwai birki: in ta kawo shaidun cewa yana cutar da ita, alƙali na iya raba auren ba tare da ta biya komai ba. Shi ya sa maigidan da ke gasa wa mata aya a hannu don ta gaji ta nemi hul'i, ya samu na ƙara aure, yake wasa da wuta.

Haka batun ciyarwa. Wadda aka yi wa saki ɗaya ko biyu na kome, ci da sha da wurin kwananta na wuyan miji har ta gama idda. Mai ciki kuwa sai ta haihu. Riƙon yara na uwa ne, namiji har ya balaga, mace har ta tare a ɗakinta, muddin dai uwar ba ta auri bare ba. Ɗawainiyarsu kuma ta uba ce. Wanda hukunci bai yi masa ba, yana da damar ɗaukaka ƙara har zuwa Dutse.

Yanzu don Allah finafinai nawa ne suka nuna wannan? Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ta yi nata ƙoƙarin tun 1990 a littafinta Alhaki Kuykuyo Ne, wanda aka mayar fim a 1998. A ciki Alhaji Abdu ya kori Rabi da 'ya'yanta tara, ta koma sayar da abinci don ta riƙe su. Kuma ba almara ba ce kawai. A watan Janairun 2009 Hajiya Altine Abdullahi ta shirya wa zawarawa zanga-zanga a Kano kan irin wannan wulaƙanci, Hukumar Hisba ta hana. A 2012 kuma gwamnatin Kano ta soma ɗaura auren zawarawa.

Abin da furodusoshi ke mantawa shi ne, matar da ke ƙauyen Gwiwa ba ta da lauya, amma tana kallon fim a wayar ƙanenta. In kullum abin da take gani shi ne an saki mace ta kwashi yara ta tafi tana kuka, sai ta ɗauka haka dokar take. Shi ma mijin haka zai ɗauka. Ta haka ne uba zai sayar da akuyarsa ya biya sadakin da shari'a ba ta ce ya biya ba.

Ba a ce a mai da fim makarantar allo ba. Amma marubucin da zai iya ɓata mako guda wajen tsara waƙa, ai ba zai gagara zama na awa ɗaya da tsohon alƙali ba. Labari ma ya fi armashi a can: ga surukai, ga shaidu, ga rantsuwa, ga akwatunan lefe jibge a gaban alƙali ana ƙirga turame.

'Yan fim, ga labari nan a ƙasa. Allah Ya ba mai rabo sa'a.